Wanda ya hana abin da ba ya hannunsa

Wani ɗalibina ne ya kawo min littafin Tolkien, marubucin nan na Ingila, mai suna The Silmarillion, wanda ya fito a 1977 bayan mutuwarsa. Tatsuniya ce zalla, kada wani ya ɗauke ta aƙida. Amma wuri ɗaya ya tsaya min a rai.

A duniyar labarin, kafin a yi rana da wata, bishiyoyi biyu ne ke haskaka ƙasa, ɗaya hasken azurfa, ɗaya na zinariya. Wani gwanin maƙeri, Feanor, ya kama wannan haske ya kulle a duwatsu uku. Da maƙiyi ya kashe bishiyoyin, duhu ya rufe ko'ina, aka roƙe shi ya ba da duwatsun a fasa, a raya bishiyoyin. Ya ƙi, wai aikin hannunsa ne. Ashe tuni an kashe mahaifinsa, an sace duwatsun. Ko da ya yarda, babu abin bayarwa.

To 'yan uwa, yana da laifi? Ai bai hana kowa komai ba.

Ni dai ina ganin yana da shi. Malamai sun bambance tunanin da ke gilmawa a zuciya da azama, wato ƙudurin da mutum ya yanke. A hadisin Abu Bakra na Bukhari da Muslim, Musulmi biyu da suka zare wa juna takobi, har wanda aka kashe bai tsira ba, saboda shi ma ya yi kwaɗayin kisan. Feanor kuwa ya yanke, har ya furta. Kuma dutsen ne kaɗai nasa, hasken ya tarar da shi ne a jikin bishiya.

Wallahu a'alam.