Maƙerar Lokaci: Waƙa da Sharhinta

Da sunan Allah nake farawa. Tsira da aminci su tabbata ga Shugabanmu Annabi Muhammadu da alayensa da sahabbansa.

Akwai maƙera wadda ba gawayi,
Ƙarfen cikinta kwanakin rayuwa.

Wani mabuɗi zai ƙera ya tafi,
Wani ko mari zai saka ƙafafuwa.

Ka bugi naka tun yana nan da ja,
In ya yi sanyi babu lanƙwasuwa.

Sharhi

Bayan haka, ya ku 'yan'uwana na Zangon Kwatano, ku sani wannan maƙera misali na buga. Kullum Allah yana ba kowane bawa sa'a 24, wato minti 1440, su ne ƙarfen. Niyya ita ce wutar, zikiri zugazugi, haƙuri kuwa masaba. Allah ya ambaci ƙarfe a Suratul Hadid, aya ta 25, kuma ya tausasa shi ga Annabi Dawuda kamar yadda ya zo a Suratu Saba'i, ya yi sulke da shi. A Suratul Asri kuwa da zamani ya rantse.

Ina jiye mana tsoro, mu da fatauci ya kawo bakin teku. Ladan yana kira a babban masallacin Zango, wani yana tsaye kan ciniki har la'asar ta kuɓuce. Wannan mari ya ƙera wa kansa. Wanda ya tsare salla biyar da lazimi safe da yamma, ya cika mudu, ya biya bashi, mabuɗi ya ƙera. Da zafi-zafi ake dukan ƙarfe, ranar da aka shiga kabari maƙera ta rufe.

Allah ya sa mu cika da imani. Amin.