Tsoron Bakin Mutane a Rayuwar Stephen Decatur

Tsoron bakin mutane, wato mutum ya ɗora aikinsa a kan abin da za a faɗa game da shi ya bar abin da ya sani a ransa shi ne daidai, yana cikin miyagun halaye masu wuyar ganewa, domin da wuya ya fito da fuskarsa, ya fi son ya ari rigar wani kyakkyawan hali ya sa. A jikin mai kunya yakan yi kama da kunya, a jikin jarumi kuma ya yi kama da jarumtaka, alhali kuwa kunya ta gaskiya tana hana mutum aikata ɓarna ko da babu mai ganinsa, shi kuwa wannan tsoro yana iya tura shi ga ɓarnar in dai jama'a za su yaba. Rayuwar Stephen Decatur, ɗaya daga cikin hafsoshin farko na rundunar sojojin ruwa ta Amurka, ta ishi mai nazari misali, saboda mutum ne da ba a taɓa samunsa da ragwanci a gaban igwa ba, amma ya mutu yana ɗan shekara 41 a kan abin da shi da kansa ya rubuta cewa ba ya ƙara wa kowa daraja.

Gidansu gidan teku ne tun daga kaka. Kakansa Bafaranshe ne da ya yi aikin jirgin ruwa kafin ya zauna a Newport da ke Rhode Island, mahaifinsa kuma, wanda shi ma sunansa Stephen Decatur, ya riƙe jiragen da gwamnati ta ba izinin kama jiragen kasuwancin Ingila a lokacin yaƙin neman 'yancin Amurka, daga baya ya zama kyaftin a rundunar ruwa, har jirginsa Delaware ya kama wani jirgin Faransa a 1798. An haifi ɗan a Sinepuxent da ke Maryland ranar 5 ga Janairu, 1779, ya tashi a Filadelfiya, kuma ko da yake mahaifiyarsa Ann Pine ta so ya zama malamin coci, barewa ba ta gudu ɗanta ya yi rarrafe ba: a 1798 ya shiga jirgin yaƙi mai suna United States a matsayin ɗan koyon hafsanci, ƙarƙashin John Barry. Cikin hafsoshin da suka riƙe hannunsa a wannan jirgi, suka koya masa aiki, akwai wani laftana ɗan Virginia da ya girme shi da kusan shekara goma, ana kiransa James Barron.

Abin da yaron ya gada bai tsaya ga sanin ruwa da iska ba, domin ya haɗa da wata al'ada da masu hali da hafsoshin zamanin suka kwaso daga Turai, wadda za a iya kira fito-na-fito. Ƙa'idarta ita ce, in wani ya ci mutuncin wani a gaban jama'a, sai wanda aka ci wa mutunci ya aika takarda yana neman a janye magana, in an ƙi kuwa sai kowanne ya naɗa wakili, wakilan su tsai da rana da wuri da nisan da za a tsaya, sannan mutanen biyu su fuskanci juna da ƙananan bindigogi, kowa ya yi harbi. A rundunar da jiragenta ba su da yawa kuma masu jiran ƙarin girma suka fi guraben, suna shi ne jarin hafsa, wanda aka ce ya ƙi amsa kira kuwa abokan cin abincinsa ma sukan daina zama teburi ɗaya da shi. A 1799 aka aiki Decatur Filadelfiya ya ɗebo ma'aikatan jirgi, ya tarar wasu da suka riga suka sa hannu sun koma wani jirgin fatake, da ya je karɓo su sai mataimakin kyaftin ɗin jirgin ya zazzage shi, ya haɗa har da rundunar. Saurayin ya danne zuciyarsa, ya kwashi mutanensa ya tafi. Da ya ba mahaifinsa labari ne tsohon ya nuna masa cewa hafsa ba ya haɗiye irin wannan magana, dole a nemi mutumin ya janye, da ya ƙi kuwa aka fita fili, Decatur ya auna kwatangwalo da gangan don kada ya yi kisa, ya kuma same shi a nan. Haƙurin da ya yi da fari nasa ne na kansa, harbin kuwa koya masa aka yi, kuma a gida aka koya masa, daga bakin mutumin da ba zai iya yi wa musu ba.

Ba a daɗe ba al'adar ta fara cin gidan. A 1802 aka kashe mijin 'yar'uwarsa Ann, Kyaftin James McKnight, a irin wannan fito-na-fito a Livorno ta ƙasar Italiya, ya bar mata da ƙananan yara, amma a shekarar da ta biyo sai ga Decatur a tsibirin Malta yana wakiltar wani matashin hafsa, Joseph Bainbridge, a faɗan da ya ƙare da mutuwar wani Bature ɗan Ingila. Zamanin ne ma, a 1804, mataimakin shugaban ƙasa Aaron Burr ya harbe Alexander Hamilton, don haka ba za a ce sojojin ruwa kaɗai ke da ciwon ba.

Adalci ya wajabta a faɗi cewa jarumtakarsa ta gaske ce, kuma an gan ta a inda take da amfani ga ƙasarsa. A lokacin yaƙin Amurka da Yusuf Karamanli, mai mulkin Tarabulus (birnin da fataken Kano da Borno suka daɗe da sani ta hanyar hamada), babban jirgin yaƙin Amurka mai suna Philadelphia ya kafe a kan duwatsu a bakin tashar birnin a 1803, aka kama shi da kyaftin ɗinsa William Bainbridge da mutane kimanin 300. A daren 16 ga Fabrairu, 1804, Decatur ya shiga tashar cikin wani ƙaramin jirgi da suka kama suka sa wa suna Intrepid, mutanensa na ɓoye a ciki, matuƙinsa Salvatore Catalano, mutumin Sisili mai jin Larabci, ya kira masu gadi ya ce guguwa ta raba su da anka, suna roƙon a bar su su ɗaure a jikin babban jirgin zuwa safiya. Kafin a farga sun haye, sun kori masu gadin, sun cinna wa jirgin wuta a ƙarƙashin igwoyin fadar, suka fita ba tare da an kashe musu ko mutum ɗaya ba. Wannan ya sa aka naɗa shi kyaftin yana ɗan shekara 25. A watan Agusta na shekarar aka harbe ƙanensa James a wani artabu na ƙananan jiragen igwa, shi kuwa ya bi jirgin da yake zaton na maharbin ne, ya haye, ya kashe kyaftin ɗinsa a kokawa. Daga nan sunansa ya cika Amurka, kuma a nan matsalar ta ƙara nauyi, domin wanda jama'a suka ɗaga sama yakan fi kowa sauraron abin da suke faɗi.

A 1806 ya auri Susan Wheeler, 'yar magajin garin Norfolk, mace mai ilimi da sanin kiɗa, ba su kuwa sami haihuwa ba. Shekara guda bayan haka, ranar 22 ga Yuni, 1807, jirgin Ingila Leopard ya tare jirgin Amurka Chesapeake da fitowarsa daga gaɓar Virginia, yana neman sojojin da suka gudu daga aikin sarkin Ingila. Barron ne ke shugabancin Chesapeake, jirgin bai shirya faɗa ba, aka kashe masa mutum 3, aka raunata 18, ya sauke tuta bayan harbi ɗaya tak, aka tafi da mutum 4. A kotun soja ta 1808 Decatur yana cikin alƙalai, bayan ya nemi a cire shi saboda ya riga ya yanke hukunci a ransa aka ƙi, kotun kuwa ta sami Barron da laifin rashin shirya jirginsa, ta dakatar da shi shekara 5 ba albashi. Barron ya tafi Turai neman abinci a jiragen fatake, yaƙin Amurka da Ingila na 1812 ya same shi a Kopenhagen, bai dawo ba sai 1818.

A tsakanin nan tauraron Decatur sai ƙara haske yake yi: ya kama jirgin Ingila Macedonian a Oktoban 1812, ya tilasta wa mai mulkin Aljeriya sa hannu a yarjejeniya a 1815, aka naɗa shi cikin kwamitin kwamishinoni uku masu tafiyar da rundunar, tare da John Rodgers da David Porter, waɗanda dukansu sun zauna a kotun Barron, ya kuma gina katafaren gida a kusa da fadar shugaban ƙasa a Washinton da kuɗin ganimar jiragen da ya kama. Akwai abubuwa biyu a waɗannan shekaru da ya kamata su sassauta masa zuciya. Na farko, shi ma ya ɗanɗana sauke tuta, domin a Janairun 1815 ya miƙa jirginsa President ga ayarin jiragen Ingila a wajen New York bayan faɗa mai tsanani, kuma kwamitin bincike ya wanke shi. Na biyu, a 1818 ya tsaya wakili ga Oliver Hazard Perry, gwarzon yaƙin tafkin Erie, ya ga da idonsa Perry ya tsaya an harbe shi an kuskure, shi kuwa ya ƙi ɗaga bindigarsa domin ya san shi ne ya fara yi wa abokin faɗan laifi, kuma babu wanda ya kira Perry rago.

Da Barron ya dawo yana neman a mai da shi bakin aiki, Decatur ya fi kowa adawa, yana faɗi a fili cewa wanda ya zauna a waje lokacin da ƙasarsa ke yaƙi bai cancanci jirgi ba. Ra'ayin yana da hujja, kuma da a teburin kwamiti ya tsaya da babu abin zargi, sai dai ya bar shi ya fita zuwa wuraren hira, masu kai gulma suka ƙara gishiri suka kai Virginia. Daga Yunin 1819 mutanen biyu suka shiga musayar dogayen wasiƙu, kowace ta fi ta baya zafi. A cikin ɗayansu ne Decatur ya bayyana cewa a ganinsa fito-na-fito ba ya ɗaga darajar kowa, ba ma'aunin jarumtaka ba ne abin dogaro, amma wanda ya ɗauki makami sana'a ba shi da ikon ƙin amsa kira. Da wuya a sami inda wannan hali ya tona kansa kamar a nan: hankalin mutum ya gama yanke hukunci cewa abu banza ne, sannan ya miƙa wuyansa gare shi don kada a ce ya ja da baya, ko da yake a duk Amurka babu wanda ya fi shi ƙarfin da zai ce a'a a yarda da shi. Ƙaramin hafsa da ya ƙi fita zai iya rasa aikinsa, amma wanda ya ƙone Philadelphia a bakin igwoyin Tarabulus ba shi da sauran abin da zai tabbatar wa kowa, kuma da ya ƙi, da ya buɗe wa na ƙasa da shi ƙofar ƙi.

Wakilan da aka samu ba masu kashe wuta ba ne. Barron ya ɗauki Jesse Elliott, wanda ke jin haushin Decatur saboda goyon bayan da ya ba Perry a rigimarsu kan yaƙin Erie, Decatur kuma ya amince da William Bainbridge, wanda suka daɗe ba sa ga maciji tun da Decatur ya riga shi isa Aljeriya ya gama yaƙin kafin ayarinsa ya iso, abin da ya sa wasu masu tarihi suke zargin mutanen biyu da hura wutar. Suka tsai da taku 8, nisan da ko mai raunin gani irin Barron ba zai kuskure ba. Da safiyar 22 ga Maris, 1820, Decatur ya fita daga gida bai gaya wa matarsa inda za shi ba, ya nufi Bladensburg da ke Maryland, wani kwari da aka saba irin wannan haɗuwa don yana wajen iyakar babban birnin. An ruwaito cewa da suka tsaya, Barron ya yi fatan su fi haka jituwa a lahira, Decatur ya amsa cewa shi bai taɓa zama maƙiyinsa ba, maganar da ta ishi kowane wakili na kirki ya shiga tsakani, amma sai aka umarce su su shirya, Bainbridge ya fara ƙirga. Bindigogin suka tashi kusan tare, Barron ya faɗi da rauni a kwatangwalo, harsashinsa kuma ya shiga ƙasan cikin Decatur. Suna kwance a ƙasa cikin jini ne suka yi maganar da wata tara na wasiƙu ba su yi ba, inda Barron ya bayyana cewa rashin kuɗin jirgi ne ya hana shi dawowa lokacin yaƙi, talaucin da shi ma kunyar baki ta hana shi faɗa tun farko.

Decatur ya cika a daren nan a gidansa. Shugaba James Monroe da alƙalan kotun ƙoli da 'yan majalisa suka bi gawarsa, majalisar ƙasa kuwa ba ta haramta aika irin wannan kira a babban birnin ba sai a 1839, bayan an kashe ɗaya daga cikin 'ya'yanta a shekarar da ta gabata. Barron ya warke, aka mai da shi aiki, ya rayu har 1851. Susan ta bar gidan ta ba da shi haya, dukiyar ta zube a hankali, ta shafe shekaru tana kai ƙorafi majalisa a kan ladan ƙone Philadelphia da take ganin haƙƙin mijinta ne, ta shiga ɗarikar Katolika, ta ƙare kwanakinta a wani ƙaramin gida kusa da kwalejin Georgetown, inda ta rasu a 1860 bayan shekara 40 tana zawarci. A 1846 aka tono gawar Decatur daga Washinton aka kai ta maƙabartar cocin St. Peter a Filadelfiya, aka binne shi kusa da mahaifiyarsa da mahaifinsa.