An Sai da Gida: Wa Za a Biya Kuɗin Haya?

Ya kai mai karatu, ga wata tambaya da ke hana mutane barci a biranenmu. A ce kai tela ne a Maradi, kana haya cikin wani shago, jika goma kowane wata. Wata safiya sai ka ji labari mai shagon ya ƙulla ciniki da wani ɗan kasuwa. Wata ya ƙare. Mai sayarwa ya aiko yaronsa, mai saye shi ma ya aiko nasa. To, wa za ka ba?

A nan ne zuciya take raɗa wa mutum: "Tun da suna jayayya, riƙe kuɗinka." Kada ka saurare ta. Ka kwana ƙarƙashin rufin nan, ka ɗinka tufafi, ka ci riba. Wanda ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski. Cinikin da mutum biyu suka yi bai shafe bashin na uku ba. Kuɗin haya ba su mutuwa, hannun da za ya karɓe su ne kawai ke sakewa.

Doka ma haka ta gani. Nijar ta gāji kundin dokokin zaman jama'a na Faransa, na shekarar 1804. Aya ta 1743 ta hana mai saye ya kori ɗan haya wanda ke da takarda mai tabbataccen kwanan wata, sai fa in an rubuta sharaɗin haka cikinta. Ga masu shago kuma akwai dokar kasuwanci ta OHADA, wadda aka sabunta a 2010. Ayarta ta 110 ta ce sabon mai gida yana maye gurbin tsoho, haya kuma ta ci gaba. Akasarin malaman fiƙihu su ma suna ganin sayarwa ba ta rushe haya. Amma ka lura: dokar da ta tsare maka ɗakinka, ita ce ta ɗora maka biya. Ba ka ɗaukar inuwa ka ƙi itacen.

Saura wa za ka ba. Muddin ba a sanar da kai a fili ba, ka ci gaba da biyan wanda ka sani, ka karɓi takardar shaida. Aya ta 1240 ta wancan kundi ta yarda da biyan da aka yi da zuciya ɗaya ga wanda haƙƙin karɓa ke hannunsa. Ran da labari ya tabbata, ka tara su biyun gaban shaidu, su faɗa maka ranar da haya ta koma ga sabon. In sun kasa shiryawa, ka kai magana wurin alƙali, kuɗin kuma ka aje su gefe, kada ka taɓa.

Akwai wani hali da ya fi wannan santsi. A ce kai ne mai sayen, ka ba da kafin alƙalami, saura sai bayan girbi. Sai ka ce: "Ai shago ya zama nawa, haya ta ƙare." Sannu dai! Gaskiya ne aya ta 1589 tana ɗaukar alkawarin sayarwa tamkar sayarwa in an daidaita kan kaya da farashi. Amma sau da yawa masu ciniki kan shardanta cewa mallaka ba ta wucewa sai an cika kuɗi. In haka kuka yi, har yanzu ɗan haya kake. Ka tuna kuma ciniki yakan warware. In ya warware bayan wata shida, ga jika sittin bisa wuyanka, ga zumunci ya ɓaci.

Saboda haka, ran da kuka ƙulla magana, ku rubuta abu biyu: ranar da haya za ta tsaya, da ko abin da ake biya kafin nan za a lissafa shi cikin farashi. Ga amfanin karatun da ka koya. Alkawari kaya ne, takarda kuwa ita ce gammon ɗaukarsa.