Idan Ido Ya Kau, Me Zai Rage?

'Yan'uwa, akwai tambayar da masu hikima suka daɗe suna jujjuyawa: shin mutum yakan riƙe gaskiya domin yana ƙaunarta ne, ko kuwa domin yana tsoron idon jama'a? Da yake ba a tsaga ƙirji a duba, sai suka ƙago gwaji a cikin duniyar tatsuniya, inda abin da ba ya yiwuwa yake yiwuwa, domin a auna zuciya.

Mafi shahara a cikin irin waɗannan gwaje-gwaje yana cikin littafin Jamhuriya, wanda Filato, masanin falsafa na birnin Atina, ya rubuta wajen shekara ta 375 kafin haihuwar Almasihu. Wani makiyayi ne da ke yi wa sarkin Lidiya kiwo, a yammacin ƙasar Turkiyya ta yau. Wata rana aka yi girgizar ƙasa, ƙasa ta tsage, ya sauka cikin ramin, ya tarar da dokin tagulla mai ƙofofi, a cikinsa kuma ga gawa da zoben zinariya a yatsa. Ya zare zoben. Da makiyaya suka taru domin lissafin garke na wata-wata, sai ya juya kan zoben wajen tafin hannunsa, nan take ya ɓace, har abokansa suna maganarsa kamar ya tafi. Da ya gane sirrin, sai ya nemi a aike shi fada, ya yaudari matar sarki, suka haɗa kai suka kashe sarkin, ya hau gadon sarauta.

Gulokon, ɗan'uwan Filato, shi aka sa wa labarin a baki, kuma ƙalubalensa ga Sokaratis mai nauyi ne: a ƙera zobe biyu, a ba adali ɗaya, a ba azzalumi ɗaya, za a tarar da su duka a kasuwa suna ɗibar kayan mutane. Bisa ga wannan ra'ayi, adalci tsoron kamu ne kawai.

Mu ma mun san wannan zobe, sai dai da sunan layar zana. Mu lura cewa a hirarmu ba a cika jin wanda ya nemi layar zana domin ya kai wa gwauruwa hatsi a ɓoye ba. Ɓarawo ne aka sani da ita. Al'adarmu ta ba kunya babban matsayi, kuma ta cancanta, gama kunya ta hana ɓarna mai yawa. Amma kunya da ido take aiki. An ce labarin zuciya a tambayi fuska. To, in fuskar ta ɓace fa? A nan ne lamiri yake da aiki, domin shi mai gadi ne na ciki, ba ya tashi don baƙi sun watse. Amsar Sokaratis ke nan: rashin adalci ciwo ne a ran mai yinsa, ko an gan shi ko ba a gan shi ba. Makiyayin nan ya sami sarauta, amma ya zama bawan kwaɗayinsa.

Bayan ƙarni da yawa, J. R. R. Tolkien, malamin jami'ar Oxford a Ingila, ɗan Katolika, ya sake ɗauko gwajin a littafinsa The Lord of the Rings, wanda ya fito a 1954 da 1955. Zobensa shi ma yana ɓoye mai shi, amma yana cin sa a hankali. Golum ya kashe abokinsa saboda zoben, ya riƙe shi kusan shekara 500 a cikin kogon dutse, har ya rame ya rasa kamanninsa. Gandaf mai hikima kuwa, da aka miƙa masa zoben kyauta, ƙi ya yi, don ya san ta ƙofar tausayinsa da niyyarsa ta gyara duniya zoben zai shige shi. Wannan darasi ne mai zurfi: jaraba ba ta zuwa wa mutumin kirki da fuskar mugunta, takan zo ne da alkawarin taimakon jama'a.

Abin da ya fi ba da tsoro shi ne ƙarshen labarin. Furodo, wanda ya sha wahalar kai zoben har bakin wutar da za a hallaka shi, ya kasa jefawa, ya sa shi a yatsa. Golum, wanda a dā aka ji tausayinsa aka bar shi da rai, shi ya ƙwace zoben ya faɗa wutar da shi. Wato jinƙan da aka nuna tun farko ne ya cika aikin a ranar da ƙarfi ya ƙare. Kada waninmu ya bugi ƙirji ya ce shi kam zai haye.

Ba ma bukatar girgizar ƙasa kafin zobe ya zo hannunmu. Ma'aji da ke ƙirga baiko shi kaɗai, mai awo da ya san gindin mudunsa, malami da ke duba takardun jarrabawa da dare, da wanda ya ɓoye sunansa a wayar hannu yana yaɗa ƙazafi, duk sun juya zobe wajen tafi. Saboda haka hikima biyu ta wajaba. Ta fari, mu riƙa binciken lamirinmu kowane dare a kan abin da muka yi inda ba ido. Ta biyu, mu yi koyi da Gandaf: ma'aji nagari shi da kansa yake neman a ƙirga kuɗi mutum biyu ko uku, gama ya san zuciyar ɗan Adam, har da tasa.

Bari Allah, mai ganin abin da ke ɓoye, ya ba mu alherin zama mutum guda a fili da asirce.