Wa Muke Yi wa Kuka a Ganuwar Zinderneuf?

Duk wanda ya taɓa kallon Beau Geste, fim ɗin da William Wellman ya shirya a Amurka a 1939 daga littafin P. C. Wren na 1924, da wuya ya manta da yadda ya buɗe. Dakarun agaji sun iso wani sansanin sojan Faransa a tsakiyar Sahara, sun tarar da soja a kowace kafar ganuwa riƙe da bindiga, amma duk gawawwaki ne. Daga baya ne muke gane cewa Saja Markoff ne ya riƙa jingina matattun don Abzinawan da suka kewaye sansanin su zaci har yanzu akwai mayaƙa.

Labarin na wasu 'yan'uwa uku ne Ingilishi da suka bar gida saboda ɓatan wani dutse mai daraja, suka shiga rundunar Faransa ta baƙin haure. Gary Cooper ne ya fito a babbansu, shi kuwa autansu ya baro masoyiyarsa Isobel tana dakonsa. Zumunci da soyayya da jarunta duk an zuba su a ƙwarya guda, kuma mu faɗi gaskiya, sun ratsa mu. Idan babban wan ya faɗi, zukatanmu kan karaya.

To amma a ina aka kafa wannan sansani? Sunansa Zinderneuf, wato an ƙera shi ne daga Zinder, Damagaram ɗinmu, kuma littafin ma da hira a jirgin ƙasa daga Kano ya soma. Ashe waɗanda muke murnar ganin harsashi na kakkaɓo su daga kan raƙuma maƙwabtanmu ne, masu kawo mana gishiri da dabino a ayari. Tarihi bai ɓoye abin da ya gudana ba. A watan Disamba na 1916 Kawusan ya yi wa sansanin Faransawa a Agadas ƙawanya, da goyon bayan Sarki Tagama, har zuwa Maris na 1917 lokacin da dakaru suka taso daga Damagaram suka karya shi. Kisan ramuwar da ya biyo baya bai bar ko malamai ba.

Shin laifi ne mu tausaya wa sojan mamaya? Ba mu ga laifi ba, domin rai rai ne, kuma da yawa daga irin waɗannan sojoji talauci ne ya koro su daga garuruwansu. Abin da ke damunmu shi ne yadda aka ja tausayin namu da akala ba mu ankara ba. Ɗan'adam fuska yake tausaya wa, da suna, da sanin cewa akwai mai jiransa a gida. Fim ɗin ya ba Bature ukun nan duka, har gawarsa ma sai da aka matso da ita muka ƙare mata kallo. Ba'abzine kuwa daga nesa muke hango shi, ɗigo a kan tudun rairayi. Wani zai ce ai shi ya rufe fuskarsa da amawali. Haka ne, amma amawali bai hana a ba shi suna ba, bai hana a nuna mana tantin da wata ke zaune tana dakonsa kamar Isobel ba.

Ko rairayin ma ba namu ba ne, kusa da Yuma a Amurka aka ɗauki hoton. Duk da haka, da aka busa ƙahon ƙarshe a kan ganuwar, mun iske kanmu a ciki tare da masu bindiga, muna leƙen 'yan'uwanmu ta kafar.