'Yar Tsana da Hukuncin Siffa

A ƙauyukan Kunci, da an gama girbi, 'yan mata ƙanana kan tsinci karan dawa su haɗa 'yar tsana, su ɗaura mata ƙyalle, su goya ta. Yara maza kuwa shanu suke ginawa da yumɓu. Wasa ne, amma ya taɓo tsohuwar mas'ala ta fiƙihu, wato hukuncin yin siffar abu mai rai.

Malaman Malikiyya sun haramta mutum-mutumi mai inuwa matuƙar gaɓoɓinsa sun cika. Sai dai sun keɓe 'yar tsana, bisa hadisin Bukhari da Muslim da ya nuna Nana A'isha tana wasa da nata a gidan Manzon Allah (SAW) bai hana ta ba. Alƙali Iyad ya ce hikimar ita ce koya wa yarinya reno tun da wuri.

Wannan uzuri bai kai ga mai dabo-dabo ba, wanda kan ɓuya cikin babbar riga, ya ɗaga 'yan tsanarsa, ya maƙale murya manya su yi ta dariya. Duk da haka irin wasan ya daɗe a ƙasashen Musulmi. Ibn Daniyal, da ya rasu a Alƙahira a 1310, ya rubuta wasannin inuwa guda uku. Sufaye irin su Ibn Arabi ma sun buga misali da shi wajen bayanin ƙaddara: ana ganin siffa tana motsi, hannun da ke juya ta yana bayan labule.