Tunguma, Ƙwayar Zarra da Bakin Ɗan Adam

Duk wanda ya tashi a ƙasar Arewa, daga Matankari har Tibiri, ya ji labarin Tunguma ko da bai taɓa taka Lugu ba. Dutse ne da Azna suka riƙa a matsayin alƙali, a garin nan da Sarauniya Mangu ta tari rundunar Faransawa ta Voulet da Chanoine cikin watan Afirilun 1899. In an yi sata ɓarawo ya ɓuya, ko rigimar gona ta ƙi ci ta ƙi cinyewa, sai a ɗauko dutsen a rataye, a yi masa tambaya da baki, jama'a su zuba ido su ga inda zai karkata. Motsin nan shi ne hukunci. Masu tarihin baka sun ce tun daga Daura ya taso tare da sarauniyar farko.

Musulmi ya san dutse ba ya ji, ba ya gani, bai san gaibu ba. Wannan ba abin ja-in-ja ba ne. Amma tunanin da ke ƙarƙashin al'adar ya cancanci a tsaya a kansa: wai ma'anar magana tana iya ratsa abu marar rai ta motsa shi. Mu ma ba mu rabu da shi ba, tunda har gobe tsohuwa kan haɗe rai in an yabi jikanta ba a ce tubarkalla ba, don gudun kambun baka. A Amurka, marubuciya Ursula Le Guin ta fitar da littafi a 1968 wanda a duniyarsa duk wanda ya san sunan gaskiya na abu ya mallake shi. Masu ƙaga irin waɗannan duniyoyi a yau sun samo sabuwar riga da suke sa wa tsohon mafarkin, wato ilimin kwantum, ilimin halayen ƙananan halittun da ke cikin ƙwayar zarra.

Me ya sa suka maƙale masa? Domin a can ƙasa, inda sai an jera ƙwayar zarra kusan miliyan 10 kafin a cika milimita ɗaya, Allah ya shimfiɗa wata ƙa'ida da ta gagari hankalin yau da kullum. A 1989, a ɗakin binciken kamfanin Hitachi a Japan, Akira Tonomura da abokan aikinsa suka riƙa harba ilektaron ɗaya bayan ɗaya, kowanne da hanyoyi biyu a gabansa kafin ya isa allo. Kowane ɗaya ya faɗa a ɗigo guda, kamar ba tsari. Da ɗige-ɗigen suka taru dubbai, sai ga layuka sun fito jere, haske da duhu, haske da duhu, irin zanen da ba ya samuwa sai in abin ya bi hanyoyin biyu a lokaci guda. In kuwa aka kafa na'urar da za ta tantance wace hanya ya bi, sai layukan su ɓace ɗungurungum. Subhanallahi! Irin tambayar da ka yi, irin amsar da za ka samu. Tun 1927 Werner Heisenberg ya nuna cewa ba a iya sanin ainihin wurin da ilektaron yake da ainihin tafiyarsa gaba ɗaya. In ka matsa wa ɗaya, ɗayan ya suɓuce.

To a nan ne masu ƙagen suke yin tsalle, su ce ai shi ke nan, duniya tana sauraron mai tambaya. Ni dai ban bi su ba. Tambayar da masana ke nufi ba ta baki ba ce, taɓawa ce: haske ya bugi ilektaron, ko na'ura ta yi mu'amala da shi. Ko da kowa ya kulle ɗakin ya tafi gida, sakamakon bai canzawa. Ilektaron bai jin Hausa, bai jin Zabarmanci, bai jin Faransanci.

Amma fa magana tana motsa abu, ta hanyar da ta fi ƙagen ban mamaki. Mutum ya buɗe baki a kasuwar Dogon Dutsi ya ce “gafara”. Igiyoyin maƙogwaronsa sun kaɗa iska, kaɗawar ta tafi da gudun fiye da mita 340 a sakan ɗaya, ta bugi fatar kunnen mai amalanke. Bayan fatar akwai ƙasusuwa uku, na ƙarshensu wajen milimita 3 ne kawai, shi ne mafi ƙanƙanta a jikin ɗan Adam. Su suke miƙa motsin ga wani ruwa da ke cikin kunne, inda ƙwayoyi masu gashi wajen 15,000 ke mayar da shi saƙon jijiya. Kafin ƙiftawar ido hannu ya ja ragama, jaki ya kauce, buhunan hatsi sun bi shi. Kalma guda ta karkatar da kaya mai nauyi. A ina ma'anar ta zauna a tafiyar nan? Ba a cikin iska ba, don baƙon da bai jin harshen zai ji ƙarar amma ba zai gusa ba. Masana sun bi sawun saƙon har cikin ƙwaƙwalwa, amma yadda motsin jijiya ke zama fahimta har yanzu suna ta kai-kawo a kansa. Wanda ya sanar da Annabi Adamu sunayen abubuwa shi ya san sirrin.

Ta wannan ƙofar nake kallon dutsen Lugu. A 1853, lokacin da mutanen Ingila suka rikice da teburan da wai ke juyawa su amsa tambaya, Michael Faraday ya sa ma'auni tsakanin tafin hannu da tebur, ya nuna cewa mazauna ne ke turawa ba tare da sun sani ba. Ba yaudara suke yi ba. Abin da zuciya ke tsammani ne yake sauka cikin tsoka. Wanda ke ɗauke da abu a rataye, ya ji tambaya, ya san mutanen garinsu, yana kallon fuskar wanda ake zargi tana zufa, jikinsa na iya ba da amsa tun bakinsa bai buɗe ba.

Shi kuwa kwantum na gaskiya ya daɗe da isowa ƙasar Arewa ba tare da an yi masa shela ba. Faifan sola da ke jawo ruwan famfo yana aiki ne da abin da Einstein ya bayyana a 1905, cewa haske yana zuwa ƙulli-ƙulli yana tunkuɗe ilektaron. Ƙananan makunnan da ke cikin wayar salula, su ma da ƙa'idojinsa aka ƙera su, kuma da su ne ɗan ci-rani a Legas ke gaya wa mahaifinsa a Gesheme cewa ya aiko da kuɗin taki.